Rigar da Aka Cusa wa Auduga

A kan riga suka yi faɗan. Mas'uda ta ɗaga ta, ta shafa ɓangaren hagu, ta ji audugar da aka ɗinke a ciki. Ta ninke ta, ta ajiye a kan keken ɗinkin mijinta, ta ce Jabo za ta, gidansu.

Nasiruddeen tela ne a kasuwar Kebbe. Tun da likitoci a Sakkwato suka cire mata nonon hagu saboda ciwon daji, ya ga ta daina zuwa biki, har barci da hijabi take yi. Sai ya yi tunani irin na tela: inda ya ragu, a cike. Shi ne ya ɗinka mata rigar.

"Mi na yi kuma, Maman Ummu?" in ji shi, da ya ga ta ajiye rigar.

"Ba komi... Ka dai nuna min abin da idonka ke son gani."

A Jabo ta tarar da mahaifiyarta, Inno, tana sheƙar gero. Tsohuwar ta saurara har ƙarshe, sannan ta tuna mata cewa tana budurwa a duƙe take tafiya don kada a ga nonuwanta sun fito, da ta yaye Ummu kuma kuka ta yi wai sun zube.

"Suna nan ma ba ki zauna lafiya da su ba," in ji Inno. "Nawa, ɗiya takwas sunka sha, sun koma silifas, ban kai ƙarar kowa ba."

Inno ta tambaye ta ko mijin ya taɓa ganin wurin. Mas'uda ta sunkuyar da kai. Tsoronta ke nan: ya gani, ya kau da ido, ita kuma ta ga lokacin da ya kau.

Washegari da hantsi Nasiruddeen ya iso a babur, ya tsaya a zaure don kunyar suruka. Inno ta yafa mayafi, ta ce za ta dubiya maƙwabta, kuma za ta daɗe.

A ɗaki ya fara ba da haƙuri. Mas'uda ba ta bari ya gama ba. Ta cire hijabi, ta sassauta zani, ta kafe shi da ido.

Ya dubi tabon, dogo, har ƙarƙashin hammata. Bai kau da kai ba. Ya tambaya ko har yanzu yana ciwo. Ta ce sai in ta ja guga.

Ya ɗora tafinsa a hankali. "Nan, masoyiyata?"

Ta kama hannun, ta matsar da shi sama kaɗan.

"Nan," ta ce. Ba ta sake shi ba.