Jakin da Ba a Zagaya Ba

"Ni kallo ɗaya ya ishe ni!" in ji Gagarau. Alhali a garinsu, can da, an yarda gaskiya tana da gaba da baya, ba a ba da shaida sai an zagaya abu.

Ran nan ya kira dattawa gona, ya nuna wani farin jaki daga nesa. "Na Iya Tabawa ne ke cinye min dawa. A ƙwace shi!"

Iya, da ke tsaye a wurin, ta hau roƙo, don farin jakinta kaɗai ta mallaka.

Dattawa suka ce, "Ka zagaya?"

"Kallo ɗaya ya ishe ni!"

"Zagaya dai, yaro."

Ya zagaya. Ɗaya gefen baƙi wuluk! Ashe baƙin jakinsa ne ya yi birgima a toka, gefe ɗaya ya yi fari.

Iya ta yi ajiyar zuciya. "To, a ƙwace shi mana!"