Katin da Keziya Ta Karanta

"Daga Irmiya Bako zuwa ga rabin ransa Keziya... ya ce ko duniya za ta tashi, ke kaɗai ce!"

Leshin da ke hannun Tabita ya sulale ƙasa.

A wani shagon yadi take a kasuwar Bab Makka, abin sauraro maƙale a kunnenta ƙarƙashin mayafi, tana jin Rediyon Ƙararrawa ta waya. Tashar waƙoƙin coci ce ta garinsu, can kudancin Kaduna. Shekara huɗu tana aikin jinya a Jidda inda babu coci, wannan tashar ce Lahadinta. Yau kuma ita ce ta kira sunan mutumin da za ta aura nan da wata biyu, ta haɗa shi da na wata.

"Esh fi, habibti? Me ya faru?" in ji Naja'atu, abokiyar aikinta haifaffiyar Jidda. "Kin ga aljani ne?"

"Gara aljani! Mayar musu da yadinsu, an fasa!"

Kafin su fita daga kasuwar wayar Mama ta shigo.

"Kin ji da kunnenki ko? Duk gari ya ji! Na faɗa miki yaron nan bai gama da 'yar gidan rediyon nan ba. Ki mayar masa da zobensa!"

Kishin Tabita ba ya jiran gobe. Ta tare tasi sai unguwar Abhur, Naja'atu na biye da ita tana "yalla, amma a hankali!"

A ɗakin bikin da Irmiya yake aiki suka same shi, kan tsani, yana ɗaura lasifika.

"Tabi! Lafiya, masoyiyata?"

"Kar ka ƙara ce mini haka! Rabin ranka na can gida tana jiranka!"

Ta zare zoben ta dangwara a kan tebur, ta maimaita masa saƙon kalma bayan kalma, har da waƙar da aka sa. Hawaye take, amma ko harafi ba ta yar ba.

Irmiya ya sauko a hankali.

"Muryar wa kika ji tana karantawa?"

"Ina ruwana da murya! Baba Zakka ne mana..."

Sai ta tuna.

Baba Zakka, wanda ya kafa tashar, shekara bakwai ke nan da rasuwarsa. Ita da kanta ta yi waƙa a jana'izarsa. Ka ji aikin kishi, ya sa ta ji matacce yana magana ko gezau ba ta yi ba.

"Tashar ta cika shekara talatin," in ji Irmiya. "Tsofaffin kaset suke sakawa duk wannan watan. Katin gaisuwar nan shekararsa goma sha biyu."

"To sai me? Ka rubuta ko ba ka rubuta ba?"

"Na rubuta."

"Ni ka taɓa rubuta mini?"

Ya sunkuyar da kai.

"Kuma wa ke zaɓen kaset ɗin?"

"Keziya... ita ce shugabar shirye-shirye yanzu."

"Wallah makira ce!" in ji Naja'atu. "Kaset na shekara talatin, sai wannan ta gani?"

Irmiya ya jawo wa Tabita kujera, ta ƙi zama. Duk da haka ya fara ba ta labari. A ɗakin ajiya na bayan coci aka buɗe tashar, da batirin mota da eriya ɗaure a kan mangwaro. Ƙararrawar ma da ake taƙama da ita ƙarfen tayar babbar mota ne, shi Baba Zakka ke bugawa kowace safiya kafin waƙar farko. Shekara biyar Irmiya ya yi yana gyara musu na'ura, a nan ya haɗu da Keziya, a nan kuma ta bar shi ranar da ta ga ba shi da komai sai sukurdireba.

"Ban zo jin tarihi ba!"

"Saura abu ɗaya. Akwai shekarar da dattawan coci suka so hana karanta katin wata gwauruwa da ta sake aure. Baba Zakka ya kafa doka a ranar: duk katin da ya shigo, mai gabatar da shiri zai karanta shi da bakinsa, ba ragi ba ƙari. Har yau ba wanda ya karya ta."

Tabita ta share ido.

"Wa ke gabatar da shirin Juma'a?"

"Keziya."

Ba ta ɗauki zoben ba. Ta ce ya aika sabon kati, zoben kuma ya riƙe sai ta ji da kunnenta.

Juma'ar da ta zagayo, suna zaune a bakin teku kusa da Ruwais, kowa da abin sauraro a kunne ɗaya, Naja'atu a gefe tana cin gyaɗa. Aka buga ƙarfen nan. Aka karanta kati uku. Sannan muryar Keziya ta tsaya, har Tabita ta ɗauka layi ne ya yanke.

"Daga... Irmiya Bako, a Jidda. Ya ce maganar da kuka ji makon jiya ta tsohon kaset ce, a bar ta a can. Ya ce rabin rai ya taɓa bayarwa, aka dawo masa da shi. Yanzu ransa gaba ɗaya yana hannun... Tabita Ayuba. Yana gayyatar duk gari ɗaurin aurensu."

Muryar ta ɗan karye a kan sunan. Tabita ta ji tausayinta, amma kaɗan ne ƙwarai, kuma bai daɗe ba.

Ta miƙa masa hannu ba tare da ta dube shi ba, ya zura mata zoben.

"Tabi, kin huce?"

"Da saura. Ta riga ni samun kati da shekara goma sha biyu fa!"

Wayarta ta yi ƙara. Mama ce. Tabita ta ɗauka.

"Ke, matan zumunta sun cika mini gida," in ji Mama. "Wane launi kika ce za a yi ankon?"