Ragowar Shinkafa Mai Zafi

A kantin, wato ɗakin cin abinci, na wata makarantar kwana da ke hanyar Buza, ɗalibai ba sa cinye shinkafa. Su ɗan tsakura, su ture faranti, wai ba mai. Abin na ba ni haushi har yau.

Tsohuwa Cima, wadda ta daɗe tana girki a wurin, ba ta taɓa zubar da ragowa da zafinta ba. Sai ta huce tukuna, ta kai ramin bayan kantin tun da sauran rana, ta ce "A gafara, masu wuri," kana ta juye.

Ranar da Cima ta kwanta zazzaɓi, aikin ya faɗa kan Bushira, sabuwar mai girki, ga ɗanta Harisu goye a baya. Magariba ta kawo kai. Ta kinkimo rabin tukunyar da ba wanda ya taɓa, tana tururi, ta watsa a ramin. Ba ta ce a gafara ba.

Wani jariri ya tsanyara kuka daga cikin ramin.

Harisu kuwa barcinsa yake yi.

Kukan ya yanke. Warin ƙonannen gashi ya taso. Bushira ta ji goyonta ya yi nauyi, zanen yana sassautowa, kamar ana kwance shi daga baya.

"Kin ƙone min ɗa," wata murya ta raɗa mata a kunne. "Mi munka yi miki? Abin da kunka yar muke ci."

"Ki yahe mini, Inna. Ban sani ba."

"Ba ni naki."

Yatsu masu sanyi suka ratsa tsakanin bayanta da cikin yaron.

Bushira ta damƙe ƙafafun Harisu da hannu biyu. Ta durƙusa ta shiga hura shinkafar, tana hurawa tana kuka, har tururin ya mutu.

Yatsun suka janye a hankali.

Ta zura da gudu, ba ta waiwaya ba.

Tun daga ranar take rage mudun shinkafa don kada a bar ragowa, ɗalibai su yi ta gunaguninsu. Harisu ya girma lafiya. Sai dai ko yaushe aka zuba masa abinci, yakan raba biyu, ya hura rabin a natse, ya tura gefensa inda ba kowa. In aka zo ɗaukar kwanon, babu ko ƙwara.