Zanen Fuskar Bibi Asma

"Kalli nan, Kawu! Kalli irin dangin da Raliya take so ta jawo mana!"

Nadiya ce ta faɗa tana miƙa wa Alhaji Usmanu wayarta. Raliya na tsaye a bakin ƙofar falo da tiren shayi a hannu.

Ganguna ne ke tashi a cikin wayar. Wani mutum ya kifa kan katako a kansa, mai wangalallen baki da haƙora masu tsini, yana rawa jikinsa na karkarwa, mata da yara sun kewaye shi suna guɗa.

"'Yan ƙabilar Makonde ke nan, mutanen su Abdussamad ɗin. Sassaƙa gumaka ce sana'arsu. Wallahi ni har kunya ta kama ni..."

"Ƙarya kike yi!" Raliya ta dire tiren har shayin ya fantsama. "Baba, ka san shi. Ka sha yin salla a bayansa a cikin falon nan!"

"Ke, rage murya," in ji mahaifinta, idonsa bai bar kan wayar ba.

Raliya ta san inda abin ya dosa. Nadiya 'yar ƙanwar babanta ce, yayan Nadiya kuwa, Saif, mai shagon turare a unguwar Sultana a nan Madina, ya daɗe yana jiran a ce masa ga Raliya. Sai ga wani baƙo ya shigo ya ɓata musu lissafi.

Baƙon kuwa ta ƙofar alheri ya shigo. Duk Juma'a Alhaji Usmanu yakan buɗe gidansa na unguwar Ranuna ga ɗaliban Afirka da ke karatu a jami'a, a yi musu tuwo da miyar kuka, saboda shi ma mahaifinsa da ƙafa ya zo Madina daga ƙasar Hausa, mutane suka ci da shi. A cikin ɗaliban nan Abdussamad ya zo, ɗan Tanzaniya mai karatun hadisi, wanda ya tsinci Hausa a bakin abokan ɗakinsa 'yan Kano. Ranar farko da la'asar sakaliya ya durƙusa a gaban Sitti Hussaina, kakar Raliya, ya ce, "Ina kwana, Kaka?"

Raliya da ke bayan labule ta tuntsire da dariya. Ita da aka haifa a gidan Hausawa, in an yi mata Hausa da Larabci take amsawa, ga wani daga wata duniya yana ta kokawa da harshen kakanninta. Tun daga wannan dariyar zuciyarta ba ta sake zama tata ba.

Washegarin zuwan Nadiya, Alhaji Usmanu ya sa aka kira Abdussamad, ya nuna masa abin da ke cikin wayar. Raliya ta laɓe tana saurare.

"Mutanena ne, Baba," in ji Abdussamad, muryarsa a natse. "Rawar da ake yi ce idan yara sun fito daga kaciya da horon zama manya. Kawuna ma masassaƙi ne, baƙin icce yake sassaƙawa yana sayarwa. Ni Musulmi ne, a Musulunci aka raine ni, akwai abin da na bari a al'adarmu. Amma ba zan ce maka ba daga cikinsu na fito ba."

Sitti Hussaina ce ta sa baki daga kan dardumarta.

"Usmanu, ka manta kakanka maharbi ne mai layu har gwiwa? Wa ya faɗo daga sama a cikinmu? Yaron nan bai yi maka ƙarya ba, ka ba shi."

Aka ba shi izinin neman aure.

Ranar Raliya ta kasa cin abinci don murna.

"Habibti, kin yi shiru," Abdussamad ya ce da ita a waya.

"Tsoro nake ji kada in yi magana in farka..."

Ya yi dariya. "Saura mutum ɗaya, hasken idona. A wurinmu mu Makonde, ɗa na dangin uwa ne. Mahaifiyata ta rasu ina goye, kakata Bibi Asma ce ta raine ni. In ba ta sa albarka ba, ban yi aure ba. Tana nan zuwa Umara, za ta gan ki."

"Allah ya kawo ta lafiya!"

"Rali... akwai abin da nake so ki sani game da fuskarta."

"Halas, ya isa haka, ya ƙalbi! Ko da wace fuska ta zo, kakata ce. Matar da ta raina min kai? A kaina zan ɗora ta."

Da gaske take a lokacin. Sai dai akwai wani tsohon ciwo a ranta da ba ta taɓa nuna masa ba. Tun tana makarantar firamare take jin ana jifanta da "ya Takruniyya", wato baƙar 'yar Afirka, ana shafa fatarta ana dariya. Ta girma tana goge duk abin da zai tuna wa mutane daga ina kakanninta suka zo. A asibitin da take aiki a unguwar Khalidiyya, abin da ƙawayenta suka sani kawai shi ne za ta auri wani ustazu daga jami'a. Ba ta taɓa faɗa musu ɗan ina ne ba.

Nadiya kuwa ta san wannan ciwon sarai, ta kuma san ƙawayen.

Da Bibi Asma ta iso, a harabar masallacin Ƙuba aka shirya haɗuwar, bayan sallar la'asar. Raliya ta hango Abdussamad tsaye kusa da wata 'yar ƙaramar tsohuwa cikin farin hijabi, tana zaune a kan benci. Da ta matso tsohuwar ta ɗago kai.

Raliya ta tsaya cak.

Baƙin zane ne ya cika fuskar, daga goshi zuwa kumatu har haɓa, layi-layi masu lanƙwasa kamar haƙoran zarto. A leɓenta na sama kuma ga wata tsohuwar huda da ta motse.

Bibi Asma ta washe baki, ta kamo hannayen Raliya biyu ta rungume a ƙirjinta, tana ta zuba magana da yarensu, idanunta sun kawo ruwa.

"Ta ce ta daɗe tana roƙon Allah ya nuna mata wannan rana," Abdussamad ya fassara. "Ta ce hannunki da taushi, kada in bari ki yi daka."

Raliya ta yi dariya, tsoron ya fara sakinta. Ta zauna kusa da ita.

"Bari in samo muku abin sha," ya ce, ya nufi shagunan da ke gefe.

Bai daɗe da tafiya ba ta ji muryar da ta sani.

"Raliya! Ashe kina nan?"

Nadiya ce, da Yasmin da Ikram, abokan aikin Raliya biyu, a bayanta. Yasmin ta kalli tsohuwar ta dafe ƙirji.

"Ya Allah! Me ya sami fuskarta? Raliya, kin san ta ne?"

"Gaya musu mana," in ji Nadiya da wani murmushi. "Ko ba kakar angon ba ce?"

Ikram ta toshe baki tana ƙunshe dariya. Irin dariyar nan ce, ta 'yan ajinsu ta da. A hankali Raliya ta zame hannunta daga na Bibi Asma, ta miƙe, ta ja da baya.

"Wace kaka? Wasa take muku. Wata hajiya ce ta ɓace wa ayarinsu, nake taimaka mata..."

Maganar na fita ta ga idon Yasmin ya koma bayanta. Ta juya.

Abdussamad ne tsaye da kofuna biyu a hannu.

Bai ɗaga murya ba. Ya ajiye kofunan a kan bencin, ya dube ta kamar yau ya fara ganinta, ya ce da tsantsar Larabci yadda kowa zai ji:

"Na gode da taimakonki, 'yar'uwa. Kakata ce. Na same ta."

Ya kama hannun tsohuwar suka tafi. Bibi Asma tana ta waiwayowa tana ɗaga mata hannu.

Raliya ba ta san yadda ta kai gida ba. Ɗakin Sitti Hussaina ta faɗa, ta kifa kai a cinyarta tana kuka kamar ranta zai fita. Sai da ta faɗi komai, ba ta rage ko kalma ba.

Tsohuwar ba ta lallashe ta ba. Ta kamo hannun jikarta ta ɗora a kan kumatunta, inda zanen Gobirawa ya kwanta tun daga gefen baki har kunne.

"Waɗannan fa, Raliya?"

"Sitti..."

"Shi ya sa ba ki taɓa shigo da ƙawayenki ɗakina ba? Ni ina cewa kunya ce irin ta yara."

Raliya ta sunkuyar da kai.

Ta kira wayar Abdussamad har ta gaji, bai ɗauka ba. Sai bayan Bibi Asma ta koma gida ya zo. Ya shaida wa Alhaji Usmanu cewa ya janye, laifin kuma nasa ne, bai ƙara komai a kai ba. Yana fita Raliya ta tare shi a bakin ƙofa, ko takalmi babu a ƙafarta.

"Abdussamad, don Allah! Don darajar wanda ke kwance a garin nan ka saurare ni! Tsoro ne ya kama ni, wallahi ba har zuciyata ba ne..."

"Na sani."

"To ka yafe min, habibi!"

"Na yafe tun a ranar." Idanunsa sun yi ja. "Rali, kin san mene ne zanen nan? Ranar da aka yi mata shi aka ce ta zama mace, ta zama 'yar gidansu. Da yaƙi ya ci ƙauyensu a Mozambik, da wannan fuskar sojoji suke gane mutanenmu. Da ita ta tsallake kogi zuwa Tanzaniya cikin kwalekwale da mahaifiyata a bayanta. Ba ta ɓoye ta a gaban bindiga ba. Ni kuma in kawo ta garin Manzo a ce ba a san ta ba?"

"Zan je har garinku in durƙusa mata! Zan faɗa wa duk duniya!"

"Na yarda za ki yi. Amma duk ranar da 'ya'yanmu suka yi wani abu irin namu, sai na kalli fuskarki in ga ko kin ji kunya. Ba zan iya wannan zaman ba, ke ma ba ki cancanci miji mai yi miki irin wannan kallon ba."

"Ina son ka..."

"Ni ma haka. Shi ya sa abin ya yi ciwo."

Ya tafi. Da shekarar karatu ta ƙare ya koma ƙasarsu.

Saif bai ɓata lokaci ba, ya turo manya. Raliya ta ce ko shi kaɗai ya rage namiji a Madina ba ta so, mahaifinta kuma bai matsa mata ba. Nadiya ta zo ba da haƙuri daga baya, Raliya ta ce mata, "Ke kin kawo su ne kawai. Bakina ne ya yi maganar."

Shekaru suka shuɗe. Sitti Hussaina ta rasu. Raliya ta koma yin Hausa ko a wurin aiki, in tsofaffin alhazai suka zo asibiti ita ake kira ta yi tafinta.

Wani hantsi tana fitowa daga Harami, ta ga wata 'yar yarinya ta yar da takalminta ɗaya tana kuka. Ta tsuguna ta ɗauko tana sa mata.

"Yi shiru, 'yar kirki, ga shi nan."

"Raliya?"

Ko cikin barci ta san muryar. Ya ƙara jiki, furfura ta fara fito masa a gemu. A gefensa wata mace ce mai fara'a, da jariri a kafaɗa. Ya gabatar da su, matarsa ce da 'ya'yansa, matar ta gaishe ta da sakin fuska, ta ja yarinyar suka matsa inuwa.

"Ina labarin Bibi?" Raliya ta tambaya.

"Allah ya yi mata rasuwa bara."

"Inna lillahi... Ta yafe min kuwa? Abin da nake tambayar kaina ke nan kullum."

Ya dubi ƙasa.

"Ba ta san akwai abin yafewa ba. Ba ta jin Larabci, ni kuma ban taɓa fassara mata ba."

Raliya ta dafa ginshiƙin da ke kusa da ita.

"Amma na janye hannuna... ta gani..."

"Ta ɗauka kunyar surukai ce. Ta yi ta ba mata labari a garinmu, wai ta ga yarinya mai tarbiyya a Madina, da ƙawayenta suka zo sai ta miƙe tsaye don kada a gan ta zaune kafaɗa da kafaɗa da kakar mijinta. Har ta rasu tana min faɗa, wai na yi wautar sakin 'yar mutane. In ta idar da salla, da sunanki take rufe addu'a."

Matarsa ta kira shi, ayarinsu na shirin tafiya. Ya yi mata sallama ya juya.

Raliya ta bi su da kallo har suka ɓace cikin taron masu fararen kaya. Sannan ta koma cikin masallacin da ta fito yanzu, ta sami wani lungu ta zauna, ta ɗaga hannu za ta yi wa Bibi Asma addu'a.

Kuka ya hana ta furta ko kalma ɗaya.