Fuskar da Ta Ci Masu Kallonta

Duk wanda ya kunna talabijin a Kano a 'yan shekarun nan ya san fuskar Abdulƙahhar Modu, mai shirin "Taron Manya". Ko ɗaurin auren 'ya'yan masu kuɗi ne, ko buɗe katafaren shago, ba a cewa taro ya cika sai an hango babbar rigarsa da makirufo a hannu. Amma waɗanda suka san shi tun yana haya a ciki da falo a Fagge sun san abin da fuskar nan ta ci kafin ta yi wannan sheƙi.

Da farko shi ba kowa ba ne a gidan talabijin ɗin da yake aiki. Shi ake turawa walimar da manya suka raina, ya dawo a ba shi ɗan lokaci a ƙarshen labarai, wata rana ma a yanke shi saboda talla. A gida kuwa sarki ne. Mahaifiyarsa Ya Bintu, wadda aka zo da ita daga Borno tun tana goye, takan shimfiɗa tabarma gaban akwatin tun kafin a fara labarai. Matarsa Ruwaida takan bar tukunya ta zo da ludayi a hannu. 'Yarsu ƙarama, Jawahir, da zarar ya bayyana sai ta ruga ta manna tafin hannunta a gilashin tana cewa ga Baba. Da mai hankali ne, da wannan kaɗai ya ishe shi, amma Abdulƙahhar gani yake mutum uku ba 'yan kallo ba ne.

A bikin ɗan wani babban dillalin shinkafa zuciyarsa ta ƙarasa lalacewa. Masu gadi suka tare shi a ƙofa, shi da Alfred mai ɗaukar masa hoto, suka ce ba a san da zuwansu ba. A gaban idonsa aka buɗe wa wani ƙaninsa a aiki hanya har da rusunawa. Wani tsohon sanƙira da ke raɓe a bakin ƙofar ya ƙare masa kallo, sannan ya matso.

"Ɗana, murya kana da ita, fasali kana da shi. Farin jini ne babu. Shi kuwa akwai inda ake samunsa, in kana da ƙarfin hali."

Wurin wani boka ne, can bayan tashar jirgin ƙasa, inda tsofaffin taragai suka yi tsatsa, ciyawa ta cinye ƙafafunsu. Da rana tsaka ya je, ana zafin da ƙarfe ba ya taɓuwa, amma yana sa ƙafa cikin taragon da aka kwatanta masa sanyi ya kama shi tun daga tafin sawu. Ko'ina madubi ne. Akwai na gefen mota, akwai na masu aski, ga fasassun gilasan talabijin da na waya, an rataye su da jan zare da gashin tsuntsu. Ya duba wannan ya duba wancan, babu ko ɗaya da ya nuna masa kansa. A ƙurya an jingine wani dogon madubi an lulluɓe shi da baƙin ƙyalle, ƙasansa jini ya bushe ya yi kauri, ƙuda ko ɗaya bai sauka a kai ba. Bokan ɗan ƙaramin mutum ne, yana zaune a gefe da ƙwarya da tandun kwalli a gabansa.

"Me ya kawo ka?" in ji boka.

"So nake a kalle ni. In shiga taro a miƙe. Masu kuɗin garin nan su riƙa nemana, ba ni in riƙa binsu ba."

"Wannan mai sauƙi ne."

"Me zan biya? Rago ko sa?"

Boka ya yi wata busasshiyar dariya. "Kai ba za ka biya komai ba. Mai madubin, aljanin da ke cikinsa, daga masu kallo yake karɓa. Duk wanda ya zuba wa fuskarka ido a gilashi, za a tsakuri kaɗan daga ƙarfinsa da kwanansa."

Abdulƙahhar ya ce, "Mutuwa za su yi?"

"Mutum nawa ke kallon talabijin a ƙasar nan? In ka ɗebi cokali ɗaya daga kowace tukunya a Kano, wa zai kwana da yunwa? Ɗan ciwon kai ne da jiri."

Abdulƙahhar ya yi tunanin dubban mutanen da bai sani ba, bai kuma taɓa jin tausayinsu ba. Ko sau ɗaya tabarmar Ya Bintu ba ta faɗo masa a rai ba. Ya ce ya yarda.

Boka ya yanka baƙin zakara a gindin madubin, ya sa shi ya wanke fuska da ruwan ƙwaryar, wani baƙin ruwa mai ƙarnin tsatsa. Sannan ya yaye ƙyallen. A nan ne Abdulƙahhar ya ga fuskarsa, ta yi kyan da bai taɓa sanin tana da shi ba, tana masa murmushi alhali shi bakinsa a rufe yake. Boka ya zizara masa kwalli, ya danƙa masa tandun, ya ce kada ya tsaya gaban kyamara sai da shi a ido. Yana gama faɗa ya juya masa baya.

"Tafi. Kada ka yi min sallama."

Ba a daɗe ba abin ya kama. Ɗan lokacinsa na ƙarshen labarai ya zama shiri mai zaman kansa, masu talla suna rububi. Attajiran kasuwar Singa da suka hana shi shiga ƙofa yanzu su ke ɗage ranar biki don ta dace da lokacinsa. Matan manya in ya yabi leshinsu a shiri sai an yi mako ana zancen. Motoci suka zo, kujerun Makka suka zo. Ya sayi gidan da yake haya ya rushe, ya tayar da bene, ya kafa talabijin a kowane ɗaki. Mafi girma ya sa a ɗakin Ya Bintu, yana ganin ya yi abin da ɗa nagari ke yi.

Wata rana suna naɗe wayoyi bayan wani taro, Alfred ya ce masa, "Oga Abdul, matata Rhoda ta daina kallon shirinmu, ta ce kanta ke sarawa. Ni ma in na daɗe ina leƙenka ta kyamara, sai in ji kamar na wuni ina dakon siminti." Abdulƙahhar ya ce ya je a auna masa jini. Kafin wata ya mutu Alfred ya ajiye aikin, ya koma ɗaukar hoton biki a cocinsu a Sabon Gari.

Ya Bintu kuwa ba ta taɓa barin shirin ya wuce ta ba, har maimaicinsa. Sai ta fara ramewa. Aka zagaya da ita asibitoci, likitoci suka ce ba su ga komai ba. Wata safiya aka kai mata kunu aka same ta zaune a kan tabarmarta, carbi a hannu, ido a buɗe, jiki ya yi sanyi. A gabanta ɗanta yana dariya da wani ango a cikin akwatin.

Ya yi kuka na gaske, don yana son uwarsa. Amma ana share makoki ya koma bakin aiki, kullum yana gari-gari. Ruwaida, da kewa ta ishe ta, sai ta riƙa kwana tana tashi da bidiyonsa a waya. Ta fara mantuwa, ta koma hira da gilashin, tana zuba abinci ta ajiye gaban talabijin. Ranar da ya dawo daga wata tafiya ya shiga ɗakinta, ta ja mayafi ta maƙure a bango.

"Malam, lafiya za ka shigo wa matar aure ɗaki? Mijina yana nan, ga shi can yana kallonka."

'Yan uwanta suka zo suka tafi da ita ɗaure da zane. A ranar ya koma taragon. Ya tarar da boka ya naɗe idonsa da tsumma tun kafin ya shigo.

"Ka ce min cokali ɗaya," in ji Abdulƙahhar.

"Daga baƙo cokali ɗaya ne. Baƙo da rabin zuciya yake kallonka, yana ci yana hira. Wanda ke ƙaunarka kuwa buɗe zuciyarsa yake yi gaba ɗaya, mai madubin ya zura hannu har ƙasan tukunya. Da ka tambaya da na faɗa maka."

Ya jefar da tandun a gabansa. "Ga kwallinka, na fasa."

"Ka fasa na gaba. Wanda aka riga aka ɗauka fa? Duk hoton da aka yi maka da kwallin nan a ido, baki ne a buɗe. Wa ya rage maka a gida?"

Abdulƙahhar ya fita a guje. Ya farfasa duk talabijin ɗin gidan, ya ƙwace wayoyin masu aiki. Ya je gidan talabijin ya durƙusa a daina maimaita shirin, suka ce ai da shi ake biyan albashi, kuma ko sun daina, wa zai bi wayoyin mutane ya goge? Jawahir kuwa wuyanta ya riga ya fara sirancewa, kullum tana kuka a kunna mata Baban cikin akwati. Tsoro irin wanda bai taɓa sani ba ya kama shi. Ya yanke shawarar kai ta ƙauyen dangin Ya Bintu a Borno, inda ko wutar lantarki babu.

Da hantsi ya sa ta a bayan mota, ya ɗaure mata ido da ɗankwali, ya ce wasa ne, in ba ta cire ba har su fita gari zai saya mata alewa. Hanyar da ya so bi an tare ta ana gyara, dole ya ratsa ta gefen kasuwar Sabon Gari. Cunkoso ya tsayar da su daidai layin masu kayan lantarki. Wani ɗan dako ya gane shi ya kira sunansa, nan da nan mutane suka yanyame motar, kowa da waya a sama yana neman hoto. Ya sauke gilashi yana roƙonsu da girman Allah su ba shi hanya, su kuwa dariya suke, sun ɗauka barkwancinsa ne na kullum.

A ɗaya gefen titin, wani shago ya jera talabijin tun daga ƙasa har rufi, duka a kunne, duka tasha ɗaya. Muryarsa ce ke tashi daga lasifika tana yi wa masu kallo barka da zuwa Taron Manya. Sai ya ji 'yar siririyar murya a bayansa, cike da murna.

"Baba, ga ka da yawa."

Ya waiwaya. Ɗankwalin yana wuyanta. Ta manna tafin hannunta a gilashin motar kamar yadda ta saba tun tana tatata, tana murmushi, idonta na bin fuskokin ɗaya bayan ɗaya. Ya tsallake kujera ya rufe mata ido da hannunsa. Ya ji gashin idonta ya motsa a tafinsa, daga nan bai sake motsi ba. Hannunta ya sulale daga gilashin, mutanen waje suna ta ɗaukar hoto.

Yau in ka bi ta bayan tasha za ka ga wani mutum da ragowar babbar riga, ya shafe fuskarsa da baƙin mai, ya kifa buhu a kai, yana roƙon masu wucewa kada su dube shi. Benen Fagge jemagu ne a ciki. Taragon an same shi wayam, ko ɓarin madubi babu. Shirin kuwa har gobe ana maimaita shi, don masu talla suna so.

Kai da kake ganin rabonka ya yi maka kaɗan, ka ji tsoron Allah. In aka ce maka arziki zai zo kuma wasu can da ba ka sani ba ne za su biya, ƙarya ake yi maka. Shaiɗan ba ya zuwa nesa karɓar bashinsa. Daga tabarmar uwarka yake farawa, ya ƙare a kan wadda ke kiranka Baba.