Fiya Goma Sha Biyar

"Saura kwana shida, Lina. Mamarki ta tsinka ko ba ta tsinka ba?"

Da wannan tambayar Kleber ya tare ni a bakin kasuwa, ko gaisuwa babu. Na sauke kwandona na harare shi.

"A gidanku ba a gaisuwa ne?"

"Ina kwana, rabin raina. Ta tsinka?"

"Ban gani ba."

"Ba ki gani ba, ko ba ki duba ba?"

"Kai ka zo ka duba mana, tun da idonka ya fi nawa. Bishiyar tana nan dam, kamar ba a taɓa ta ba."

Ya hau murza hularsa. Shekara huɗu muna tare, na san in ya fara murza hula tsoro ne ya kama shi.

A gidanmu ba a ba mai neman aure amsa da baki. Marigayi babana Ulbio mutum ne da magana ke yi wa nauyi, shi ya kafa wannan al'ada, duk garinmu Jipijapa kuma an san ta. Ranar da dangin saurayi suka zo, Mama za ta yi sebice, abincinmu na jatan lande da ake jiƙawa a ruwan lemun tsami. In kwanon saurayi ya zo da yankan fiya a sama, an ba shi. In ya zo babu, ya ci, ya yi godiya, ya kama hanyarsa ba tare da an kunyata kowa ba. Fiyar kuma dole ta bishiyar da Baba ya shuka a bayan gida ce, ta kasuwa ba ta shiga lissafi.

To ita fiya ba ta nuna a kan uwarta. Sai an tsinko ta, an naɗe a jarida, ta yi kwana biyar ko shida a ɓoye. Saboda haka amsar gidanmu tun kafin baƙi su zo ake yanke ta.

Yayyena uku dukansu da fiya aka aurar da su. Narcisa na birnin Guayaquil da 'ya'ya huɗu a ɗaki biyu, sauran biyun sun ƙetare teku. Ni Dioselina, auta, ni kaɗai na rage wa Mama.

"Takarduna sun fito," in ji Kleber. "Ƙarshen wata jirgi zai tashi zuwa ƙasar Sifen. Ni da matata aka rubuta, Lina... in babu mata, ni kaɗai ke nan."

"Na sani. Sau nawa za ka faɗa?"

"Har sai na ga kore a kwanona."

Ranar bikin waliyyi San Lorenzo danginsa za su zo. Na koma gida raina a dagule.

Na tarar da Mama Eufemia tana ɓarar gyaɗa a tsakar gida. Na zauna kusa da ita, na yi ta kewaye-kewaye, har dai na gaji.

"Mama, fiyar Baba ta ƙosa fa."

"Ta ƙosa."

"To..."

"To me? Ɗauko min faranti, Narcisa."

"Dioselina ce, Mama. Narcisa ta yi aure shekara goma sha biyu."

"Duk ɗaya ne, ni na haife ku."

Watannin nan haka take. Ta zuba gishiri sau biyu a shinkafa, ta ɗora tukunya ta fita hira. Ni kuwa, da yake mai son abu ba ya ganin komai sai abin da yake so, na ɗauka duk dabara ce ta nuna min ba za ta iya zama ita kaɗai ba. Haushi ya turnuƙe ni.

"Uku kin sake su da dariyarki. Ni ce za ki ɗaure kamar akuyar gida? Ki faɗa min kawai ba za ki tsinka ba, in san inda dare ya yi min."

Ta ɗago ta dube ni, ta daɗe tana dubana, sannan ta ci gaba da ɓarar gyaɗarta. Har yau in na tuna wannan maganar da na yi mata sai in ji na tsani bakina.

Kwana shida muka yi sai gaisuwa. Kullum na dawo kasuwa sai in zagaya baya in ɗaga kai, amma bishiyar ta yi 'ya'ya da yawa, ba mai iya gane an rage ko ba a rage ba.

Ranar biki tun da safe aka kawo jatan lande daga Puerto Cayo, yana ƙamshin teku. Na cire kawuna da ɓawo na dafa su, don romon nan shi ne ran sebice, wanda ya zubar da shi ya zubar da girkin. Na tsoma jatan landen a ciki ya yi ja, na tsame kafin ya yi tauri. Na yanka jar albasa siri-siri, na murje ta da gishiri, na jiƙa a lemun tsami. Na matse lemun zaƙi, na dama niƙaƙƙiyar gyaɗa da romo har ta yi laushi. Ina yi ina share hawaye, ina ɗora wa albasa laifi.

Na buɗe buhun shinkafa zan auna, sai hannuna ya taɓa takarda.

Ƙunshin jarida ne. Na kwance. Fiya biyar, sun nuna luguf, in ka danna da yatsa sai ta lotsa ta tsaya. Na zauna a ƙasa na rungume su ina dariya ina kuka. Ashe ta tsinka. Ashe tun ranar da na yi mata rashin kunya ta tsinka, ta bar ni ina ta kumbure-kumbure.

Na ruga ɗakinta don in ɗauko farin zanen tebur a akwatin Baba, in kuma durƙusa in ba ta haƙuri. Ba ta ciki. Na ɗaga murfin akwatin, sai ga wani ƙunshin jarida a kan rigunansa. Fiya biyar, sun fara laushi, ba su kai na farko ba.

Na daina dariyar. Na fara dube-dube ban ma san abin da nake nema ba. A ƙarƙashin gadonta, cikin bahon wanki, na samu na uku. Waɗannan tauri gare su kamar dutse, ganyen da ke jikin ɗaya ko bushewa bai yi ba. Jiya aka tsinko su.

Na jera su a teburin kicin, goma sha biyar. Mama ta shigo ta gan su.

"Wa ya tsinke min fiya?"

"Ke ce, Mama."

"Ni? Ai yau nake cewa zan tsinka. Kullum ina so in tsinka sai wani abu ya ɗauke min hankali. Yaushe ne ma mutanen yaron nan za su zo?"

"Yau."

Ta dubi fiyar, ta dube ni, ta sake duban fiyar. Na ga lokacin da ta gane. Ta ja kujera ta zauna a hankali.

"Sau uku ke nan," ta ce.

"Sau uku, Mama."

"Rannan na fita coci na kasa gane hanyar gida. Mai sayar da burodi ne ya rako ni. Kada ki faɗa wa yayyenki." Ta kama hannuna. "Autata, ki yanka mafi kyau ki sa masa. Ki tafi tun ina gane ki. Ba na so ki zauna ki ga ranar da zan tambaye ki sunanki."

"Wa zai kula da ke?"

"Allah da ya kula da ni kafin a haife ki. Tashi, albasarki za ta yi yaushi."

Da azahar suka iso, ana jin badujala da ƙarar wasan wuta daga dandali. Kleber ya sha farar riga, gashi ya sha mai. Mahaifiyarsa, Doña Perpetua, ta shigo tana fifita.

"Eufemia, tun daga kwanar titi muke jin ƙamshi. Ɗana kwana biyu bai ci abinci ba, wai yana tara wa yau ciki."

"Ai gara ya tara," in ji Mama tana dariya. "Ramammen suruki ba ya iya ɗaukar buhu."

Ina kicin, na zuba sebice a kwanoni, na ɗora gyaɗa, na jera soyayyen agada a gefe. Fiya ita ce ƙarshe, don da an yanka take fara baƙi. Na ɗauki mafi kyau, na ɗora wuƙa a kanta. Ina son Kleber, ina sonsa har ƙashina. Amma na ga Mama tsaye a titi da jakar coci tana waige-waige, ba wanda zai fito nemanta. Na ajiye wuƙar.

Na kai kwanonin. Na Kleber na ajiye a ƙarshe.

Kowa a teburin ya ga babu fiya. Doña Perpetua ta dubi kwanon ɗanta, ta naɗe maficinta, ta ɗauki cokali.

"Ya yi daɗi, Eufemia. Mun gode."

"Ku ci, ku ci," in ji Mama, fuskarta cike da fara'a. "Akwai ƙari."

Ba ta lura ba. Matar da take hango ƙwayar lemun tsami ɗaya a kwano daga bakin ƙofa, ba ta ga babu fiya ba. Wannan ya fi komai ƙona min rai.

Na gudu kicin. Kleber ya biyo ni, abin da ba a yi. Ya buɗe baki zai yi magana, sai ya ga tebur.

"Lina... waɗannan fa?"

"Amsar Mama ce. Sau uku ta ba ka ni, don kullum mantawa take ta riga ta bayar."

Ya daɗe yana kallonsu. Ba wawa ba ne, ya gane.

"To wa ya hana ni?"

"Ni."

"Mu tafi da ita."

"Takardarka mutum biyu ta ce. Kuma hanyar coci ma ɓace mata take, ina ga wata ƙasa?"

"In fasa tafiyar."

"Ka fasa, ƙannenka huɗu su ci me? Shekara uku kana neman takardar nan. Za ka zauna, wata rana ka dube ni ka ga asararka."

"Zan jira ki."

"Ka jira me, Kleber? Ka san abin da za ka zauna kana jira? Ba zan so mu riƙa ƙirga kwanakin uwata ba."

Hawaye suka zubo masa, bai share ba.

"Ko yanki ɗaya, masoyiyata. Ki yanka, sauran mu san yadda za mu yi."

"Ka koma ka cinye abincinka. Mamarka na jira."

Ya ɗauki fiya ɗaya cikin masu taurin, ya jujjuya ta, ya sa a aljihu. Ya koma ya cinye kwanonsa tas, ya yi wa Mama godiya kamar yadda ake yi, ya sumbaci hannunta. Ta shafa kansa ta ce ya gaida gida.

Ƙarshen wata jirginsa ya tashi. Ban je rakiya ba, ranar Mama ta tashi da zazzaɓi.

Bayan sati biyu, wata safiya ina wanke-wanke, na ji motsi a bayan gida. Mama ce ta shigo, sandar tsinka a hannu, ganye a gashinta, bakin zanenta a tattare. Ta zazzage a tebur. Biyar ne.

"Dioselina, miƙo min jarida. Mutanen yaron nan suna tafe, ba na so a ce na hana autata abin da take so."

Na goge hannuna, na ɗauko mata jaridar. Na riƙe mata gefe ɗaya tana naɗewa.