Kunyar Suruki a Tsakiyar Teku

"Ki maimaita, Batulu. Ban ji da kyau ba."

Batulu ta ƙura wa kofin shayinta ido. A waje motocin bas suna ta gurnani a kan titin Wilmslow, cikin gidan abincin kuma ƙamshin gasasshen nama ya cika ko'ina, amma ita ko sha'awarsa ba ta yi. Tun daga Birmingham take bitar maganar nan a cikin jirgin ƙasa, ga shi ta fito mata a dunƙule.

"Ka ji ni sarai, Falalu. Na ce a fasa."

"A fasa? Bayan kawunnaina sun kai gaisuwa? Haba, hasken idona... me na yi miki?"

"Ba ka yi komai ba! Umma ce. Ba zan iya barin ta ita kaɗai ba."

Gaskiya ta faɗa. Bara mahaifinta ya rasu, ya bar ta ita da mahaifiyarta, Hajiya Kubura, a gidansu na unguwar Sparkbrook a Birmingham. Hajiya Kubura ta fita takaba ke nan sai hukuma ta rufe cibiyar matan unguwa, inda take wuni da ƙawayenta, wai gwamnati na tsuke bakin aljihu. Nas ɗin da ke leƙo ta saboda ciwon suga ita ma aka janye ta. Sai ya zamana Batulu ce nas, ita ce ƙawa, ita ce 'ya. Shi kuwa Falalu injiniya ne a Manchester, kuma a shekarun nan wanda ya saki aikinsa ya san ranar sake kama wani sai Allah.

"Ai na ce ta dawo wurinmu," in ji shi. "Flat ɗin Old Trafford zan saki, in kama gida babba."

"Gidan suruki? Umma?" Ta yi dariyar da ta fi kuka ciwo. "Na gwada ta. Cewa ta yi gara ta koma Zariya ta zauna a kango da a ce tana cin tuwon mijin 'yarta."

Ya shiga murza yatsunsa. Son sa ya taso mata, ta kau da kai don kada ya gani.

"Ki ba ni rana ɗaya," ya ce a hankali. "Ba kin ce likitanta ya ce a riƙa fita da ita ba? Ba kin ce wuni take tana kallon dabbobin teku a talabijin ba? Zan kai ku ta gan su da idonta. In mun dawo kika ce a fasa, wallahi ba zan sake damun ki ba."

"Falalu..."

"Please, Batulu. Rana ɗaya."

Zuciya ba ta da ƙashi. Ta gyaɗa kai.

Wata Asabar cikin watan Mayu ya zo ya ɗauke su. Sanyi ya ja baya, itatuwa sun yi toho, tumaki da 'ya'yansu sun bazu a kan tuddan Wales. Hajiya Kubura ta shige kujerar baya ta ja mayafi har goshi. Shi ma gogan ya kafe ido a kan titi, kai ka ce an hana shi waiwaye da doka. Tun gaisuwar da ya durƙusa ya yi a ƙofar gida, ba wanda ya sake yi wa ɗayan magana kai tsaye. Batulu ce a tsakani tana ta jigilar magana.

"Umma, wai a ƙara miki ɗumi?"

"Ki ce masa ya isa, an gode."

Da azahar suka isa wani ɗan ƙauye a bakin teku. Umma ta zaga banɗaki da ƙaramar jakarta, su kuma suka buɗe kular dambun shinkafar da ta yi sammakon dafawa. Benci ɗaya ne a wurin. Tana dawowa Falalu ya miƙe zumbur zai ba ta wuri, sai ga matuƙiyar jirgin ruwan da zai kai su kallon dabbobin, wata dattijuwar Baturiya mai jar hula, tana ɗaga hannu a taho.

"Umma, ki ɗan sa wani abu a bakinki."

Umma ta saci kallon inda Falalu yake tsaye. "Na ƙoshi. Sai mun dawo."

Batulu ba ta ja ba, don ta san ko sama da ƙasa za su haɗe Umma ba za ta tauna abinci a gaban suruki ba. Aka ce a bar manyan jakunkuna, jirgin ƙarami ne. Ta mayar da kula da jakarta cikin mota, suka sa rigunan kariya suka shiga.

Da farko abin gwanin daɗi. Tsuntsaye baƙi da fari sun yi dafifi a jikin duwatsu suna ta hayaniya kamar kasuwar Sabon Gari. Can sai ga wasu kawuna masu santsi sun ɓullo daga ruwa, da gashin baki da manyan idanu, suna leƙen jirgin.

"La! Ke, ga su nan!" Umma ta damƙe hannun Batulu. "Masu gashin bakin nan! Ji wancan, wallahi sak kawunki Habu in ya tashi daga barci!"

Batulu ta tuntsire da dariya, ƙwalla na taruwa a idonta. Rabon da ta ji wannan muryar tun mahaifinta na da rai. A can ƙarshen jirgin Falalu ya sunkuyar da kai, kafaɗunsa na rawa.

Jirgin ya zagaya wani ƙaton dutse, iska ta sauya, igiyar ruwa ta fara ɗaga su tana saukewa. Matuƙiyar ta nuna gaba. Daga ƙololuwar dutsen ruwa ne fari fat yake zubowa, ya ratso ciyawa da furanni ya faɗo bakin teku da rugugi, feshinsa na tashi kamar hayaƙi. Turawan cikin jirgin suka ɗaga wayoyi.

"Umma, kin ga ikon Allah?"



Batulu ta waiwaya ta dube ta. Gumi ne ke tsattsafowa a goshin Umma cikin sanyin tekun nan, leɓɓanta sun yi fari, hannuwanta na karkarwa.

"Umma! Umma, kin yi allura ne?"

"Na yi... ɗazu... a banɗaki."

"Innalillahi! Kika yi allura ba ki ci komai ba?"

Ashe ta yi allurarta ta kafin cin abinci kamar kullum, ta fito ta tarar da suruki a wurin, kunya ta sa ta haɗiye yunwarta. Yanzu suga ya faɗi. Alawar da Batulu ke yawo da ita saboda irin haka tana can cikin jaka, jakar tana cikin mota, motar kuma ko hango ta ba a yi.

"Falalu! Suganta ya yi ƙasa! Wani abu mai zaƙi, ko mene ne!"

Ya yi wa matuƙiyar magana cikin sauri. Ta jefo masa ɗan kwalin lemo, ta murɗa jirgin ya juya, tana magana a rediyo. Falalu ya rarrafo ya miƙa wa Batulu, ya koma ya juya musu baya.

"Umma, sha. Don Allah, sha!"

Idanun Umma sun fara lumshewa, maganarta ta fara harɗewa, amma ta datse haƙora ta kau da kai. "Yana nan... yaron yana nan..."

"Ya juya baya! Ba ya kallon ki! Umma, za ki mutu fa!"

Wata igiyar ta daki jirgin. Lemon ya fantsama a mayafi, Umma ta sulale gefe, Batulu ta rungumo ta da hannu biyu. Ba ta da hannu na uku da za ta ba ta. Tsoro ya rufe ta, irin wanda ta ji a asibiti ranar da aka ja labulen gadon mahaifinta.

"Falalu, ka taimake ni..."

Ya juyo. Ya ɗauki kwalin, ya durƙusa a cikin ruwan da ya kwanta a ƙasan jirgin, gwiwoyinsa dab da ƙafafunta. Karon farko a rayuwarsa ya ɗaga ido ya dubi fuskarta.

"Umma," ya ce. "Ina ƙarami mahaifiyata ta rasu. Ban taɓa ba uwa ko ruwa a baki ba. Kullum in na ga ana yi sai in ji ƙyashi. Don girman Allah kada ki hana ni."

Umma ta buɗe ido da ƙyar. Ta kalle shi. Sannan a hankali haƙoran suka saki.

"Bismillah... kaɗan-kaɗan. Yawwa, Umma. Ƙara."

Yana ba ta yana goge mata haɓa da hannun rigarsa. Wata Baturiya ta miƙo alawa, ya ɓare ya sa mata a baki. Kafin su iso gaɓa karkarwar ta lafa, jini ya dawo fuskarta, ta ja mayafi ta rufe ido.

Ma'aikatan jinya suka duba ta a bakin ruwan, suka ce ta tsallake, amma lallai ta ci abinci yanzu. Suka bar ta a kan benci lulluɓe da kwat ɗin Falalu. Batulu ta bi shi wajen mota ɗauko kula, a nan ta jingina da ƙofa ta fashe da kuka.

"Ka gani ko? Ina zaune kusa da ita fa hakan ta faru! To in ina Manchester? Wa zai gan ta?"

"Batulu, saurara..."

"Ina son ka, Falalu, Allah shi ne shaida. Amma uwa ɗaya gare ni. Ai ka yi alkawari, ka ce ba za ka sake damuna ba."

Idanunsa suka kaɗa suka yi ja. "Na yi alkawari," ya ce. "Allah Ya ba ki ladan biyayya."

"Falalu!"

Su biyun suka zabura. Umma ce ta kira, kuma ba ta taɓa kama sunansa ba sai yau. Iska ta kai mata duk abin da suka faɗa.

"Kawo kular nan. Ka zo ka zauna."

Ya kawo, ya tsuguna nesa kaɗan.

"Ba nan ba. Nan, kan benci. Wanke hannunka."

Ta buɗe kular, ta yi bismillah, ta kai loma baki yana kallo. Ta tauna a tsanake ta haɗiye, sannan ta tura masa kular. Ya sa hannu.

"Yau na ga abin da kunya za ta ja mini," in ji ta. "Saura ƙiris in bar yarinyar nan ba uwa, ba uba, ba miji. Gidan da ka ce za ka kama... ka nemi mai ɗaki a ƙasa. Gwiwoyina ba sa son bene."

Hawaye suka shiga sauka a gemun Falalu. Batulu ta zube a gabanta ta riƙe ƙafafunta.

"Umma... da gaske? Za ki zauna gidan suruki?"

"Wa ya ce miki gidan suruki zan je?" Umma ta harare ta, tana share nata idon da bakin mayafi. "Wanda ya ba ni abu a baki ɗana ne. Gidan ɗana zan je. Ke ce surukar yanzu, sai ki fara jin kunyata. Tashi ki ɗauko masa ruwa, ba ki ga yana shirin ƙwarewa ba?"